Ɗana ya samu gurbin jami'a da ƙwallon Amurka, ni kuwa na rantse ba zan sa hannu ba

Wasiƙar wannan makon daga jihar Ohio ta Amurka ta fito. Na taƙaita ta, na kuma cire duk abin da zai sa a gane mai ita.

"Assalamu alaikum Malam. Ni mutumin Kano ne, shekarata 21 a Amurka ina tuƙin babbar mota. Babban ɗana shekararsa 17, yana ajin ƙarshe na sakandare. Tun yana ɗan shekara 12 yake buga ƙwallon nan tasu ta Amurka, wadda ake sa hular kwano ana karo kamar raguna. Na ƙyale shi ne don ina ganin ta fi yawon banza. Yanzu wata jami'a ta ce za ta ɗauki nauyin karatunsa in zai buga mata. Shi kuwa ba shi da zance sai NFL, babbar gasar ƙwararru ta wannan ƙwallo, wai zai gina mana gida a Kano ya raba ni da tuƙi. Ni burina ya karanta haɗa magunguna. Watan jiya na dawo daga tafiya da tsakar daren Juma'a, na tarar da shi a ɗaki cikin duhu ya ɗora jiƙaƙƙen tawul a ido. Ya ce kar in kunna fitila, haske na sa masa ciwon kai. Da na matsa masa sai ya ce an buge shi a ka a wasan daren, amma bai gaya wa koci ba don kar a cire shi, saboda mutanen jami'ar suna wurin. Raina ya ɓaci, na rantse da Allah ba zan sa hannu a takardar ba. Yau kwana 19 ba abin da ke haɗa mu sai gaisuwa. Mahaifiyarsa kullum cikin kuka take. Ni kuma ba ni da halin biya masa jami'a sai dai da bashi. Malam, daidai na yi ko kuskure?"

Wa alaikumus salam wa rahmatullah, Alhaji. Allah ya sanyaya maka, ya shirya mana zuri'a baki ɗaya.

Da tawul ɗin nan zan fara, don tun da na karanta wasiƙarka shi ne ya tsaya mini a rai. Maganar jami'a da ta NFL duk za su iya jiran mako guda. Kan yaron nan ba zai jira ba.

Abin da ka gani a daren, likitoci na ce masa girgizar ƙwaƙwalwa. Ƙwaƙwalwa a cikin ƙoƙon kai tana zaune ne cikin ruwa, kamar gwaiduwa a cikin ƙwai. In aka yi karo mai ƙarfi kai ya tsaya cak, ita sai ta ci gaba da tafiya ta bugi ƙashi. Hular kwano tana hana ƙoƙon fashewa, amma ba ta da ikon riƙe abin da ke ciki. Kuma ba sai mutum ya suma ba. Ciwon kai, gudun haske, jiri, tashin zuciya, mantuwa, saurin fushi, rikicewar barci, kowanne alama ce. Mafi yawan yara suna warkewa cikin 'yan makonni in sun huta. Haɗarin yana wajen a sake bugun wurin kafin na farko ya warke. A 2006, a jihar Washington, wani yaro ɗan shekara 13 mai suna Zackery Lystedt ya bugu a ka, aka mayar da shi fili a wannan wasan, ana tashi ya yanke jiki ya faɗi. An yi masa tiyata a ka, ya rayu, amma da nakasa. A 2009 jihar ta yi doka da sunansa, kuma yanzu duk jihohin Amurka, har da taku ta Ohio, suna da irinta: yaron da ake zargin ya samu girgizar ƙwaƙwalwa a cire shi daga wasa, kada ya koma sai ma'aikacin lafiya ya ba da izini. Ɗanka ya zagaye wannan doka da bakinsa, kuma mai yiwuwa ya sake buga wasanni bayan nan. Don haka a cikin makon nan ka kai shi wurin likita, ko da ya ce maka garau yake jin kansa. A faɗa wa likitan komai, har ranar da abin ya faru da yawan wasannin da ya buga tun daga lokacin. A kuma sanar da mai kula da lafiyar 'yan wasa na makarantarsu. Zai ce maka hakan zai sa jami'ar ta fasa. Jami'ar da za ta fasa ɗaukar yaro don ya ga likita, ka gode wa Allah da ta nuna maka halinta tun kafin ka damƙa mata ɗanka.

Tsoronka yana da tushe, kuma wanda ya fara tono tushen ɗan ƙasarmu ne. Dokta Bennet Omalu, wanda ya yi karatun likita a Jami'ar Najeriya ta Nsukka, yana aikin binciken gawa a birnin Pittsburgh a 2002 aka kawo masa gawar Mike Webster. Webster ya ci kofin Super Bowl, wato kofin zakarun NFL, sau huɗu da ƙungiyar Pittsburgh Steelers, amma ya ƙare rayuwarsa cikin rikicewar tunani, har da kwana a cikin mota, ya mutu yana da shekara 50. Omalu ya duba ƙwaƙwalwarsa ya ga lalacewa irin wadda aka sani a wurin 'yan dambe, ya wallafa bincikensa a 2005. Cutar ita ake taƙaita sunanta da CTE. Likitocin NFL sun nemi a janye rubutun, kuma sai a 2016 wani babban jami'in hukumar ya amsa a bainar jama'a cewa akwai alaƙa tsakanin wasan da cutar. A 2017 masu bincike a Jami'ar Boston suka fitar da sakamakon ƙwaƙwalen tsofaffin 'yan wasa da iyalansu suka bayar bayan mutuwarsu. Cikin 111 na waɗanda suka buga NFL, 110 suna da cutar. Cikin 53 na waɗanda suka tsaya a jami'a, 48. Cikin 14 na waɗanda suka tsaya a sakandare, 3. Sai dai a yi wa alƙaluman nan adalci: iyalan da suka ba da ƙwaƙwalen galibi waɗanda suka riga suka ga canji a mutumin nasu ne, don haka ba za a ce kowane ɗan wasa haka zai ƙare ba. Dubbai sun buga sun tsufa da hankalinsu. Abin da binciken ya nuna a fili shi ne, gwargwadon yawan shekarun da aka yi ana shan karo, gwargwadon ƙaruwar haɗarin, kuma har ƙananan bugun da ba sa sa ciwon kai suna taruwa.

To amma, Alhaji, akwai wani abu a cikin labarin daren nan da nake ganin ya wuce ka. Yaron ya ɓoye wa koci. Ya ɓoye wa mutanen jami'a. Kai ne kaɗai ya buɗe wa ciki. Sakamakon da ya samu kuwa rantsuwa ce da kwana 19 na shiru. In ka bar abin a haka, darasin da zai ɗauka shi ne gaya wa Baba gaskiya asara ne, kuma duk ranar da ya sake buguwa, a fili ko a wani wuri, kai ma ba za ka ji ba. Shekara mai zuwa zai cika 18, lokacin da dokar ƙasar da kuke zaune za ta ba shi ikon sa hannu da kansa. Ƙarfin da ya rage maka a kansa na ɗan lokaci ne. Abin da zai ɗore shi ne ya riƙa jin zai iya kiranka cikin dare daga wata jiha ya ce, Baba, kaina na ciwo. Wannan nake so ka ceto kafin komai.

Sai batun NFL. Hangen Dala ba shiga birni ba ne, kai Bakano ka fi ni sani. Yara kusan miliyan ɗaya ne ke buga wannan ƙwallo a sakandaren Amurka. Waɗanda ke bugawa a jami'o'in da ke ƙarƙashin NCAA, hukumar wasannin jami'o'i, sun haura dubu 70. NFL kuwa ƙungiya 32 ce, kowacce da 'yan wasa 53, wato gurbi 1,696 ke nan a duk ƙasar, kuma akwai masu su a zaune. Zaɓen sababbin 'yan wasa da ake yi duk watan Afrilu zagaye bakwai ne, mutum 250 da 'yan kai ake ɗauka. Lissafin NCAA da kanta, cikin 'yan wasan jami'a ɗari da suka isa shiga zaɓen, ba a samun biyu. Wanda aka ɗauka ma bai tsira ba. Kowace ƙungiya tana shiga sansanin horo da mutum 90, a ƙarshen Agusta ta sallami 37. Mafi ƙarancin albashin sabon ɗan wasa a kakar 2024 dala 795,000 ne, kuɗi ne masu yawa ba shakka, amma haraji zai ci nasa, wakili ya ci nasa, kuma yawancin kwantiragin ba su da tabbas: ranar da aka sallame ka ranar albashi ya tsaya. Ƙungiyar ƙwadagon 'yan wasan ta daɗe tana cewa matsakaicin zaman ɗan wasa a NFL shekara uku ne da 'yan watanni. Gidan Kano da yake yi maka alƙawari, Allah ya ba shi ladan niyya, don yaro ne da ya ga wahalar ubansa a kan titi yana so ya sauke masa. Kar ka yi masa dariya a kai. Amma kada ku gina komai a kansa.

Abin da ke hannu shi ne karatun. Jami'ar gwamnatin jiha, ga ɗan jiha, in aka haɗa kuɗin makaranta da ɗaki da abinci, ana maganar dala dubu 25 zuwa 30 a shekara. Masu zaman kansu da yawa kuɗin makarantarsu kaɗai ya haura dubu 60. Ka ninka sau huɗu ka ga bashin da ake cewa za a ɗauke muku. Ga kuma abin da nake jin ba ka lura da shi ba: burinka da nasa ba su yi hannun riga ba. A Amurka haɗa magunguna karatu ne na shekara huɗu da ake shiga bayan an yi shekara biyu zuwa huɗu ana share fage da kimiyyar sinadarai da ta halittu, kuma da yawa sai sun gama digirin farko suke shiga. Ke nan ƙwallon za ta iya biya masa rabin hanyar da kake so ya bi. An yi waɗanda suka yi haka. Myron Rolle, ɗan baƙin haure daga tsibirin Bahamas, ya buga wa Jami'ar Jihar Florida, ya gama digiri cikin shekara biyu da rabi, ya samu tallafin karatu na Rhodes ya tafi Jami'ar Oxford a Ingila. Ƙungiyar NFL ta Tennessee Titans ta ɗauke shi a zagaye na shida a 2010, bai taɓa buga wasan gasa ko ɗaya ba, ya koma makarantar likita, yau likitan tiyatar ƙwaƙwalwa ne. John Urschel ya karanta lissafi a jami'ar Penn State, ya buga wa Baltimore Ravens ta NFL kaka uku, ya ajiye a Yulin 2017 yana da shekara 26, kwana biyu bayan fitowar binciken Boston ɗin nan, ya gama digirin digirgir a jami'ar MIT a 2021. Irinsu ba su da yawa, shi ya sa ake ba da labarinsu. Amma sun nuna hanyar tana biyuwa ga wanda ya shiga da idonsa a buɗe.

Wanda na fi so ka zauna da ɗanka ku karanta tarihinsa tare shi ne Husain Abdullah, domin Musulmi ne, kuma rayuwarsa ta taɓo kusan duk abin da ke damunka.

A Kalifoniya ya tashi, ya buga wa Jami'ar Jihar Washington a matsayin mai tsaron baya, inda yayansa Hamza ma ya buga. Da aka yi zaɓen NFL na 2008 aka gama zagaye bakwai ba a kira sunansa ba. Minnesota Vikings ta gayyace shi sansanin horo cikin waɗanda ake sa ran sallama, ya jure har ya samu gurbi. A 2010 azumi ya faɗo a Agusta, daidai lokacin horo mafi tsanani, ana gudu cikin rana da kayan kariya a jiki. Bai ajiye azumi ba. Ya zauna da masu kula da abincin ƙungiyar suka tsara masa abin da zai ci da abin da zai sha tsakanin buɗa-baki da sahur, kuma a wannan kakar ce ya zama cikin 'yan wasan da ƙungiyar ke fara wasa da su. Ka lura da yadda ya yi. Bai ɓoye addininsa ba, bai kuma yi faɗa da kowa ba. Ya faɗi abin da yake bukata tun da wuri, aka nemi hanya.

A 2012 ya yi abin da ya ba 'yan jaridar wasanni mamaki. Yana tsakiyar ƙarfinsa, a sana'ar da kowa ya san in ka tashi daga kujerarka wani zai zauna, ya ajiye kaka guda sukutum, shi da Hamza suka tafi aikin Hajji. Hamza bai sake buga NFL ba bayan nan. Shi kuwa Husain ya dawo a 2013, Kansas City Chiefs ta ɗauke shi. Ranar 29 ga Satumba 2014, a wasan daren Litinin da duk Amurka ke kallo, ya cafe ƙwallon da Tom Brady, tauraron abokan karawarsu, ya jefa, ya ruga yadi 39 ya ci maki, ya zube ya yi sujada. Alƙalin wasa ya jefa tuta ya hukunta ƙungiyarsa. Washegari NFL ta fito ta ce bai kamata a hukunta shi ba, tun da ba a hana ɗan wasa durƙusawa don ibada.

Ƙarshen labarin shi ne inda ya shafe ku kai tsaye. A kakar 2015 ya samu girgizar ƙwaƙwalwa ta biyar a rayuwarsa ta wasa, ya yi makonni a zaune. A Maris 2016, yana da shekara 30, bayan kaka bakwai a NFL, ya sanar ya bar wasa. Ya bayyana cewa yana so ya amfani iyalinsa da al'ummarsa, kuma hakan sai da lafiyayyen hankali. Ni a nawa ganin biyar ta yi yawa, da ɗana ne da ban jira ta biyar ba. Amma abin da nake so ɗanka ya gani shi ne, mutumin nan sau biyu yana juya wa miliyoyin dala baya da ƙafarsa, sau ɗaya don Allah, sau ɗaya don kansa da 'ya'yansa, kuma ba wanda ya kira shi matsoraci. Yaro ɗan 17 da ke ganin faɗa wa koci "kaina na juyawa" ragwanta ce, yana bukatar ya ji wannan daga tarihin wanda ya kai inda shi yake mafarki.

Yanzu ga shawarata kai tsaye. In likita ya duba shi ya ce ya warke kuma zai iya komawa, ka sa hannu. In likita ya ce a dakata, a dakata, ko da gurbin zai tafi. Kuma sa hannun naka ya zo da sharaɗi, ku yi shi ku uku da mahaifiyarsa tun yanzu da hankali ke kwance, domin ba a fafe gora ranar tafiya. Duk bugun da ya samu a ka, a ranar zai faɗa wa likitan ƙungiya kuma ya kira gida. Ku tambayi likitan da zai duba shi wane irin yanayi ne zai sa ya ce a daina gaba ɗaya, ku rubuta, yaron ya yarda da bakinsa cewa in an kai nan zai ajiye hular ba tare da jayayya ba. In ya ƙi wannan sharaɗi, to a nan ni ma ina bayanka, kar ka sa hannu.

Ita ma jami'ar akwai tambayoyin da za ka yi mata, kuma amsar ka karɓe ta a rubuce, don alƙawarin baki na koci ba ya ɗaure kowa, kocin ma kan iya barin aikin kafin ɗanka ya kwance jakarsa. Ka fara da sanin ajin da jami'ar take a tsarin NCAA. Manyan jami'o'i na rukunin farko su ne suka fi ba da cikakken tallafi, na rukuni na biyu galibi rabi-rabi suke bayarwa, na rukuni na uku ba sa ba da tallafin wasa sam. "Za mu ɗauki nauyinsa" magana ce mai faɗi, a lissafa maka kuɗin makaranta, ɗaki, abinci, littattafai, kowanne da adadinsa. Ka tambaya tallafin na shekara huɗu ne ko na shekara ɗaya da ake sabuntawa. Tambayar da ta fi kowacce nauyi: in ya ji rauni, ko likita ya hana shi wasa, ko ya yanke shawarar bari saboda kansa, tallafin zai ci gaba har ya gama digiri? Wa ke biyan kuɗin asibiti, har zuwa yaushe bayan ya bar makaranta?

Sannan ka tsaya sosai a kan abin da zai karanta, don a nan ake cutar yara da yawa ba tare da iyaye sun farga ba. A takarda, NCAA ta ƙayyade awa 20 a mako don horo lokacin kaka, amma in aka haɗa tafiye-tafiye da jinya da kallon bidiyon abokan karawa, abin ya zarce haka nesa. Darussan kimiyya suna da aikin ɗakin gwaji da rana, daidai lokacin horo. Sai mai ba da shawara ya ce wa yaro ya ɗauki wani fanni mai sauƙi "don kar ya wahala", shekara huɗu ta wuce ya fito da takardar da ba ta kai shi ko'ina. Abin ya taɓa kai wa ga abin kunya a Jami'ar North Carolina, inda rahoton bincike na 2014 ya gano an yi shekara 18 ana ba ɗalibai kusan 3,100 maki a darussan da ba a shiga aji, kusan rabinsu 'yan wasa. Don haka ka tambaye su 'yan ƙwallo nawa ne a ƙungiyar yanzu suke karanta sinadarai ko halittu ko injiniya, ka ce a haɗa ka da ɗaya ku yi magana ba koci a wurin. In an yi ta kame-kame, ka samu amsarka.

Batun kuɗi zai taso da wuri fiye da yadda kake zato. Tun Yulin 2021 an yarda ɗan wasan jami'a ya samu kuɗi da sunansa da hotonsa, daga 2025 kuma jami'o'i suna iya biyan 'yan wasa kai tsaye. Manyan kuɗin na taurarin manyan makarantu ne, amma dillalai ba sa barin kowa. Kada ya sa hannu a wata takarda sai lauya ya karanta.

Addini kuwa, ka tambaya a fili kamar yadda Husain ya yi. Wasan jami'a galibi Asabar ake yi, Juma'a ranar ƙaramin horo ce da tafiya, sai a san yadda zai samu sallar Juma'a in suna gida. A tambayi abincin halal a ɗakin cin abincin 'yan wasa. Azumi a 'yan shekarun nan yana faɗowa ne a sanyin hunturu bayan an gama kaka, wannan sauƙi ne gare shi. Ranar da za ku ziyarci makarantar, ku nemi ƙungiyar ɗalibai Musulmi da masallacin garin, ka gabatar da shi ga limamin da kanka. Yaron da ya san akwai dattijon da zai tambaye shi in bai gan shi a sahu ba, ya fi wanda aka sake shi haka nan.

Saura rantsuwar. Na san ita ce ta ɗaure ka, kana jin in ka janye girmanka ya zube. Musulunci bai bar ka cikin ƙunci ba. Ya tabbata a Sahihu Muslim cewa wanda ya yi rantsuwa sannan ya ga wani abin ya fi alheri, ya aikata wanda ya fi alherin ya yi kaffara. Kaffarar tana cikin Suratul Ma'ida aya ta 89: ciyar da miskinai goma ko tufatar da su, wanda bai samu iko ba ya yi azumin kwana uku. Ka tuntuɓi malamin masallacinku kan yadda za ka fitar. Kuma ina roƙonka, duk yadda ranka ya ɓaci nan gaba, ka kiyaye harshenka a kan yaron nan. Bakin uba ba abin wasa ba ne, shi kuwa sana'ar da yake shiga tana bukatar addu'arka fiye da kowace.

Ranar zuwa asibiti kada ka tura shi da mahaifiyarsa, kai za ka ɗauki hutun yini guda ka tuƙa shi. Maza sun fi iya magana a mota, ido na kan titi ba a kallon juna. In kun hau hanya ka ce masa tsoro ne ya sa ka rantse, ka ga ɗanka kwance cikin duhu hankalinka ya tashi. Ka ce masa ya kyauta da ya gaya maka gaskiya a daren, kuma ka gode. Daga nan ka yi shiru ka bar shi ya yi magana, ko da zai fara da zancen NFL. Ka shiga ɗakin likitan tare da shi, amma in likita ya nemi ganinsa shi kaɗai ka fita, wataƙila akwai wasu bugun na baya da zai fi iya faɗa ba ka wurin.

Ka gaida Hajiya, ka karanta mata amsar nan tun kafin ka yi wa yaron magana, don ita ma tana da ta cewa a sharuɗɗan. In takardar jami'ar ta zo, ka aiko mini da abin da ta ce game da rauni da tsawon tallafin, da kuma abin da likita ya gani, sai mu duba tare.